Tagwayen Askale

Da sunan Uba da Ɗa da Ruhu Mai Tsarki, Allah ɗaya.

Ni Gebeyehu Wolde-Rufael, haifaffen Ankober, mazaunin Asella, nake rubuta wannan da hannuna a watan Tikimt na shekarar 2017 a ƙirgen ƙasarmu. Ƙafa ta ƙi, ido ɗaya ya yi hazo, amma hankalina garau yake, kuma har yau harshena yana bambance zumar Gojjam da ta Tigray. Na faɗi haka tun da wuri don na san akwai wanda zai ce tsoho ya ruɗe. Uban raina, firist ɗinmu Abba Fikre-Mariyam, ya sa hannu a ƙasa a matsayin shaida, amma na dafe rubutun da tafina lokacin da yake sa hannun. Mutumin Allah ne, ban ce ba, sai dai yana shan kofi a gidaje da yawa.

Zuwa ga 'ya'yana uku: Bizunesh babba, da Zerihun da Andarge, waɗanda duk garin nan ya sani da sunan uwarku, tagwayen Askale. Ku karanta ku uku kaɗai, ban da matan aurenku, ban da mijin Bizunesh. A rufe ƙofa, a leƙa bayan taga kafin a fara. Wata shida ke nan, tun Idin Fasika na tashin Almasihu, Zerihun da Andarge ba su sa hannu a tire ɗaya ba. Saboda wannan na ɗauki alƙalami, sauran rabon tarkace ne kawai.

Na ɗaya. Gidan nan da itatuwan turare na bayansa na Bizunesh ne. Ita ta wanke ni, ita ta juya ni a kan gado shekara biyu. Kada a sayar, kada a yanka shi biyu, kuma ɗakin uwarku ya zauna a buɗe ga duk wanda ya zo daga cikinku. Saniyar da ɗan maraƙinta na Zerihun ne. Bargona fari mai kauri da littafin Zabura na Andarge ne, shi da ya iya karatun. Askata kuwa ban ba kowa ba, don ta ɓace daga kan taga tun watan Hamle, kuma wanda ya ɗauka ya san kansa. Zan dawo kan maganar askar.

Na biyu. Kofin ƙahon nan da ke rataye a kan gadona a bar shi inda yake har ranar arba'in ɗina. Kun taso kuna ganinsa, kuna yi mini dariya a kansa, to yau ku ji asalinsa da kyau.

Mu gidanmu masu ɗanɗana wa sarakuna abinci ne. Kakan kakana ya yi a fadar Ankober, ubana ya yi a Addis Ababa, ni kuma ina da shekara goma sha tara aka ba ni ga wani babban basarake mai sarautar Dejazmach, jinin gidan sarauta ta wajen uwa da uba. Ba zan rubuta sunansa ba, takarda tana da ƙafa. Aikin ba wuya a ido. In an kawo giyar zuma, ka zuba kaɗan a tafin hagu, ka kurɓa, ka jira. In an kawo gurasar injera, kada ka yaga ta gefen da aka juyo maka, yaga ta ɗaya gefen. Ubana ya koya mini abu guda da ya fi duka: kada ka kalli fuskar mai miƙo abinci, fuska ta iya ƙarya, kalli hannunsa. Shi kuma uban gida ba a kallon fuskarsa sam. Za ka sauke mayafinka daga kafaɗa ka ɗaura a ƙugu, ka rufe baki da gefensa in za ka yi magana, idonka a ƙasa. Shekara goma sha ɗaya na yi masa, na fi sanin yatsun hannunsa da takalmansa a kan hancinsa.

Uwarku takan ce na auri zargi kafin na aure ta. Gaskiyarta. Mutumin da kullum sau uku yake jiran ya ji ko cikinsa zai murɗa ba ya zama mai saurin yarda.

Na uku. Damtew ɗan Tiringo kada ya taka gidan nan, kada ya ɗauki makarata, kada a ba shi ko soyayyen sha'ir a zaman makokina. Wannan mutum mai jar hula da jakar takardu ya sauka garin nan bara, wai shi wakilin wata ƙungiyar masu kishin rawanin sarauta ne. In ka ga kare yana shinshina takalmi, ɗauka zai yi. Ya je injin niƙan Zerihun da tulun zuma, ya je makarantar da Andarge ke koyarwa da tulun zuma. Kowannenku ya kawo mini tasa a ɓoye don in ji daɗi. Na lasa duka biyun. Daga tukunya ɗaya suka fito, kuma an haɗa da sukari. Na tabbata abin da ya raɗa wa wannan shi ya raɗa wa wancan: kai ne jinin sarauta, ɗan'uwanka ɗan bara ne kawai, akwai gida a Addis da za a mayar maka, akwai sarauta, akwai masu jiran ganinka a ƙasashen waje.

Da haka aka kai ga abin kunyar ranar Fasika. Tun kuna yara, wannan ya zuba wa wancan ruwan wanke hannu yau, gobe a juya. Ranar nan Zerihun ya haye kujerata ya miƙa hannu yana jira, Andarge ya ajiye butar ya ce, "Mai zuba wa wani ruwa dai an kusa saninsa." Kazar da Bizunesh ta yini tana dafawa bayan azumin kwana hamsin da biyar ta huce a tire. Ni ban ci ba, kuka na yi, ku sani.

To abin da Damtew ya faɗa, rabinsa gaskiya ne. Ɗayanku ba daga bayana ya fito ba.

A watan Meskerem na 1967 sojoji suka fitar da Sarkin Sarakuna daga fada a cikin wata 'yar ƙaramar mota. Mu da aka raina a kan cewa gadon sarautar nan daga Sulemanu da Sarauniyar Saba ya gangaro, kuma ba ya faɗuwa, muka zama kamar kaji a ruwan sama. Ana ta kwashe manya gida gida, har mata. Matar uban gidana ta haihu ke nan da kwana shida. Wata safiya ya kira ni, ya sa mini zobensa mai hoton zaki a tafi, ya ce in kai jaririn inda ba a san shi ba. Kwana uku bayan haka aka zo aka tafi da uban gidana da uwar ɗan, ba su dawo ba. Mai raino ce ta rungumi yaron, a lulluɓe ruf saboda baki da ido, muka shiga motar haya zuwa Ankober, inda uwarku take jego a bayan labule da jaririn da ta haifa mini kwana tara da suka wuce, wanda ban riga na gani ba.

Ga wautar da ba mai yin ta sai irinmu. Yini guda ina zaune kusa da yaron nan a mota, ban ɗaga mayafin na kalli fuskarsa ba. Ta yaya zan kalla? Jinin sarauta ne. Da muka isa ƙofar gida kuwa, mai raino za ta shiga da shi, jikina da kansa ya sauke mayafi zuwa ƙugu, na rusuna har goshina ya kusa taɓa ƙasa. Da rana tsaka, a gaban ƙunshin tsumma! Da na ɗago sai ga Tiringo maƙwabciyarmu, uwar wannan Damtew, tsaye da tulu a baya tana kallona. Ta ce, "Ato Gebeyehu, yau kuma wa ake gaisarwa haka?" Na ce ƙaya nake cirewa. Ta yi murmushi, ni kuma na kalli hannunta, na ga yana wasa da igiyar tulu.

Mai raino ta juya a ranar, ban sake jin ɗuriyarta ba. Ni ko labulen ban ɗaga ba, don ɗan uban gidana yana ciki. Washegari 'yan sanda suka zo. Ban ga Tiringo ta kai ƙara da idona ba, amma ruwa ba ya tsami banza. Shekara ɗaya da wata bakwai na yi a tsare. Tafin ƙafar nan da kuke shafa wa mai, can aka lalata shi, ana tambayata ina ɗan Dejazmach. Na ce ya mutu a hanya, kuma a kan haka na tsaya.

Da aka sake ni na tarar gidan Ankober a kulle. Wani firist ya raɗa mini cewa Askale ta kwashe ku tun kafin arba'in ta yi kudu. Na same ku a nan Asella, a ɗakin haya, inda ba wanda ya san mu. An yi muku baftisma rana ɗaya a matsayin tagwaye. Na shiga na ga yara biyu suna tatata, aski iri ɗaya, zare iri ɗaya a wuya, majina iri ɗaya. Na ja uwarku gefe na ce wanne ne. Ta dube ni sama da ƙasa ta ce, "Uban Bizunesh, gwiwarka ce za ta kashe yaron nan. Ranar da ka san shi, ranar za ka durƙusa masa, kafin la'asar duk unguwa ta sani. Zauna ka ci abinci."

Ba ta taɓa gaya mini ba. Ku sake karanta wannan layin. Ni Gebeyehu, da na ɗauko yaron da kaina, ban san wanne ne a cikinku ba.

Kada ku ɗauka ban nema ba. Na nema kamar ɓarawo a gidansa. Na duba kunnuwanku kuna wasa. Wata shekara na yanke cewa Andarge ne, saboda dogayen yatsunsa irin na uban gidana, sai kawunku ya zo daga Ankober na ga yatsun nan a hannunsa. Wata shekara na ce Zerihun ne, saboda tafiyarsa ta ƙasaita da yadda yake aiken mutane, sai na ji yana minshari irin na ubana sak. Na yi wa uwarku dabara iri iri. Na tambaye ta tana cikin zazzaɓi, na tambaye ta tana cikin farin ciki, na taɓa ce mata na riga na gane, ta faɗa kawai in ji ko daidai ne. Ta ce, "To tunda ka gane, me kake nema a wurina?" Na zarge ta da gaya wa firist, na zarge ta da fifita ɗaya a rabon nama, har awon tsokar nake yi da ido. Ban taɓa kama ta ba. Ranar da za ta cika ta yafito ni, na kai kunnena bakinta. Ta ce, "Ka hana akuya cin shanyar barkono." Shekara uku ina jin haushinta a kabari.

Yanzu kun gane abin da ya sa ba ku taɓa cin loma a gidan nan ba sai na yaga ta ɗaya gefen na ɗanɗana, ba ku taɓa shan madara ba sai ta bi ta kofin ƙaho. Rantsuwa na yi wa uban gidana, kuma tunda ban san wanne ba, sai na yi wa duka. Na haɗa da Bizunesh don kada a lura. Maƙwabta suka ce kurkuku ya taɓa mini kai, na bar su a haka, ya fi mini sauƙi. Shekara hamsin ina yi wa ɗan cikina hidimar da ake yi wa sarakuna, ina kuma zane ɗan sarakuna da tsumagiya in ya ƙi kai saniya kiwo. Ban san ranar da na daina neman sani ba. Na dai lura wata rana cewa tsoro nake ji kada ta faɗa.

Na huɗu. Ku da ba ku ga sarauta ba sai a hoto kuna ganin jar laima da tambura da alkyabba mai zinariya. Ni na tsaya a bayan kujerarta, na san warin bakinta. Kakana ya ba ni labarin zamanin sarakunan Gondar, yadda in an naɗa sarki ake kwashe 'yan'uwansa maza a kai su kan dutsen Wehni, inda ba hanya sai ɗaya kuma da masu gadi, su tsufa a can suna kallon gajimare. Kafin Wehni akwai dutsen Gishen. Wanda aka fi tsoro a kan yi masa lahani a jiki, don mai naƙasa ba ya hawa gado. Ba maƙiya ake yi wa haka ba, 'yan uba ɗaya ne. Ni kaina duk shekarun da na yi ina ɗanɗana abinci, ba Italiyawa ake tsoro ba, ba talakawa ba. Tiren da ya fito daga gidan ɗan'uwan uban gidana shi nake daɗewa a kai. Wannan shi ne gadon da Damtew yake yi muku talla, kuma kun ga tun ba ku karɓa ba ya fara aikinsa a kan butar wanke hannu.

Na biyar. Zoben zakin. Na san an bincika akwatina sau biyu, don zaren da nake ɗaurawa a murfin na tarar da shi da wani ƙulli da ba nawa ba. Wanda ya bincika ya wahalar da kansa. Tun watan Sene na sa aka kai ni wurin maƙerin zinariya, na zauna a kansa tun daga hura wuta har gamawa, ban je ko fitsari ba. Zakin ya narke a gabana. An fitar da gicciye biyu ƙanana, an auna su a gabana, na sa aka musanya su a sikeli aka sake aunawa. Suna cikin tukunyar gishirin uwarku, a ƙasa. Bizunesh ta rufe ido ta miƙa wa kowa ɗaya.

Na shida, gare ki Bizunesh. Kina da shekara biyar lokacin, kina bayan labulen nan tare da uwarki. Yarinya 'yar shekara biyar ba makauniya ba ce. Na sha lura da ke. Duk sanda maganar ta taso sai ki tashi ki ce kofi zai ƙone, ko da ba kofi a wuta. Ban tambaye ki ba, kuma ba na tambayarki yanzu. In kin sani, to ke 'yar uwarki ce, ciki ba don injera kaɗai aka yi shi ba. In mijinki ya matsa miki, ki tuna na taɓa ganinsa yana shan shayi da Damtew a bakin tasha, kuma shi ya biya.

Na bakwai, kuma shi ne wasiyyar. Na san dalilin ɓatan askata. Na san dalilin da ya sa matar Zerihun, da ba ta taɓa share ɗakina ba, ta zo tana kakkaɓe matashina tana tsintar gashi. Na san Andarge ya ɗauke kofin da na sha magani ya sa a leda, yana tsammani barci nake. Wai akwai gwajin jini da ake aikawa waje a gane uban mutum. Wata uku ina ƙona farcena da gashina a murhu kamar mai tsoron sammu. Sai wata ma'aikaciyar jinya ta gaya mini cewa wahalar banza nake yi, ko bayan raina yawun Bizunesh ya isa a gane wanda suke ciki ɗaya da ita. To ga shi, ba ni da ƙofar da zan kulle. Abin da sandar 'yan sanda ba ta fitar daga bakina ba, abin da uwarku ta shiga ƙasa da shi, yau ɗan tsinke da auduga zai iya tone shi.

Saboda haka roƙo nake yi, ni da ban saba roƙo ba. Kada ku yi. Ku zauna ku yi lissafin abin da takardar za ta kawo. Ɗaya zai buɗe ya ga ba shi da uba sai wanda aka kashe, ba shi da uwa sai wadda ba ta san ya rayu ba, kabarin da yake kai wa kyandir ba na uwarsa ba ne, kuma gadon da ake kwaɗaita masa ya rushe tun yana cikin tsumma. Ɗayan zai ga shi ɗan bara ne da aka sa ya raba nonon uwarsa da ɗan uban gida. Ku nuna mini wanda ya ci riba a nan in ban da mai jar hula. Na zargi kowa a rayuwata, na zargi firist, na zargi matata, na zargi kaza in ta cika kallona, kuma sau da yawa na yi daidai. Amma mace ɗaya da ba ta iya rubuta sunanta ba ta fi ni hankali, ta hana ni abin da na fi so don in samu 'ya'ya maza biyu. Na gode mata, ko da yake ban faɗa mata tana da rai ba, kuma wannan yana ci mini rai.

Ga yadda za a yi ranar arba'in ɗina. Bayan an ciyar da firistoci da miskinai, a kawo tire ɗaya ɗakin uwarku. Bizunesh ta zuba muku ruwa ku biyu a lokaci guda. A sauko da kofin ƙaho, a cika shi da giyar zuma. Zerihun ya zuba a tafinsa ya kurɓa, ya jira, sannan ya miƙa wa Andarge. Andarge ya yaga injera ta ɗaya gefen, ya ɗanɗana, sannan ya naɗe loma ya sa wa Zerihun a baki da hannunsa. Kowannenku ya yi wa ɗan'uwansa abin da na yi muku. Ta haka ko wanne ne ɗan sarakunan, an yi masa hidimarsa, ko wanne ne ɗana, ya riƙe sana'ar ubansa. Daga nan kofin ya shekara a gidan wannan, ya shekara a gidan wancan. Wanda ya ƙi, ban tsine masa ba, bakina bai iya ba. Amma ya sani ya zubar da abin da aka fasa mini ƙafa a kansa.

Allah ya yi muku albarka ku uku. Maryama ta lulluɓe ku da mayafinta, Mika'ilu ya tsaya a ƙofofinku. Allah ya ba ku 'ya'ya masu jin magana fiye da ku, ya sa rumbunku kada ya ga ƙasansa, ya raba ku da mai kawo zuma ba dalili. Ku riƙe 'yar'uwarku, ku riƙe juna, kada a ji kanku a bakin tasha. Ni na tashi daga gaban tirenku, ba sauran mai ɗanɗana muku sai ku.

A binne ni a maƙabartar cocin Giyorgis, kusa da Askale, ta hannun damanta inda kunnenta mai ji yake. Ba don in tambaye ta ba. So nake in gaya mata na bar su biyu kamar yadda ta ba ni su.

Ubanku, na ku duka,
Gebeyehu Wolde-Rufael